Mas'alar Shinge da Hila a Makarantun Adar

Daga cikin mas'alolin da zamani ya jefo wa malamai, waɗanda ba a tarar da su da sunansu a cikin Risala ko Muhtasar ba, amma aka tarar da asalinsu kwance a can tun da daɗewa, akwai wata ƙarama wadda mai gaggawa zai ce ba ta isa a ɓata tawada a kanta ba. Ita ce ta ɗalibin da makarantarsa ta buɗe masa hanyar intanet domin karatu, ta toshe ƙofofin wasanni da na dandalin zumunta, shi kuwa ya samo wata dabara ya kewaye toshiyar, ya shiga wasansa ya fito, ba wanda ya gani, ba wanda ya ji. Shin wannan yaro zunubi ya yi, ko kuwa wayo ne kurum irin na ƙuruciya, wanda ake yi wa dariya a wuce? Na ga iyaye sun rabu biyu a kan haka, malamai kuwa sun fi iyaye rabuwa, har na ga ya cancanci a zauna a warware shi a natse.

Wajibi ne tun da farko a faɗi yadda abin yake a ƙasarmu, don kada a ɗauko rigar Amurka a sa wa Adar. A can, tun shekarar 2000 aka kafa doka wadda ta ɗora wa makarantun da ke karɓar tallafin gwamnati na intanet su sa matata a hanyarsu, saboda haka kowane yaro ya tashi ya tarar da shingen a tsaye, ya kuma tarar da yayyensa sun riga sun san inda yake da rauni. Mu kuwa, wanda ya bar birnin Tahoua ya nufi Kalfou ko Barmou ko Afala, zai ga azuzuwan da har yanzu rumfunan kara ne, waɗanda ake tayarwa bayan girbi, damina ta zo ta rushe su. A irin waɗannan wurare ba intanet ɗin da za a tace, balle a kewaye. Sai a cikin birni, inda aka sami jami'a tun 2010, wadda yanzu take ɗauke da sunan Djibo Hamani, masanin tarihin Adar, da inda wasu makarantun sakandare da cibiyoyin horo suka sami ɗakin kwamfuta, nan ne mas'alar take bayyana da siffarta. Amma ko inda ba matata, akwai shinge iri-iri: akwai lambar sirri ta wifi wadda aka ba malamai aka hana ɗalibai, akwai kuma dokar da ta ce kada a shigo aji da salula. Duk hukuncinsu ɗaya ne a wannan bahasi.

Yadda dabarar take ba wani sihiri ba ne. Duk abin da waya ta nema a hanyar makaranta sai ya bi ta ƙofa guda, a bakin ƙofar kuma akwai jerin sunayen wuraren da aka hana. In abin da aka nema yana cikin jerin, sai a mayar da shi. Abin da yara suke kira VPN yakan naɗe buƙatar yaron a rufe, ya aika da ita zuwa wata na'ura a wata ƙasa mai nisa, ita ce za ta ɗauko wasan ta maido shi a rufe, mai tsaron ƙofa kuwa ba ya ganin kome sai ƙunshi yana shiga yana fita. Wanda ya bi ta bayan irin waɗannan gine-gine da la'asar sakaliya ya sha ganin samari uku ko huɗu a tsugunne jikin katanga, inda hanyar take kamawa, kawunansu a haɗe bisa waya ɗaya mai tsagaggen gilashi, littattafansu a ƙasa an ɗora musu dutse don kada iska ta kwashe su.

Na ji wani dattijon malami yana yi wa ɗaya daga cikinsu faɗa, yaron kuwa, wanda ba shi da rashin kunya ko kaɗan, ya durƙusa ya ce, "Allah shi gafarta Malam, mi na ɗauka na wani? Ban fasa ƙofa ba, ban karya kwado ba, hanya na gani buɗe na bi." Malamin ya ce, "Ɗana, hanyar da ka gani buɗe, kai ka buɗe ta ko mai gida?" Yaron ya yi shiru. Amma ni a ganina shirun nan na ladabi ne, bai gamsu ba, kuma yana da haƙƙin a ba shi hujja wadda ta fi haka tsawo, domin abin da ya faɗa ba sabuwar magana ba ce. Manyan malamai sun yi shekaru aru-aru suna jayayya a kanta.

Abin da shugaban makaranta ya yi sa'ad da ya toshe wasanni shi ne abin da malaman usulu suke kira saddu zari'a, wato toshe kafar da take kai wa ga ɓarna ko da ita kanta kafar ba ɓarna ba ce, kuma sananne ne cewa mazhabar Imamu Malik, wadda muke a kanta, ta fi sauran riƙo da wannan asali. Abin da yaron ya yi kuma shi ne hila, wato bin hanyar da zahirinta bai saɓa wa lafazin doka ba domin a kai ga abin da dokar ta zo ta hana. Waɗannan biyu tsofaffin abokan gaba ne. An wallafa littattafai sukutum a kan hiloli, kamar na Al-Khassaf, malamin Hanafiyya na Bagadaza wanda ya rasu a shekarar 261 bayan hijira. Imamu Buhari kuma ya keɓe musu kitabi guda a cikin Sahihinsa, ya buɗe shi da hadisin niyya, yana nuni da cewa a can ne za a yanke hukunci, ba a kan surar aiki ba. A ciki ya kawo mas'alar mai dabbobin da yake raba garkensa ko ya haɗa shi da na wani don gudun zakka, wadda duk makiyayin da ke tsakanin Tahoua da Abalak zai gane ta ba sai an yi masa sharhi ba. Shaɗibi, malamin Andalus da ya rasu a 790, ya zo a cikin Muwafaƙat ya kasa hiloli uku: wadda aka haɗu a kan ɓacinta, wadda aka haɗu a kan halaccinta, kamar furta kalmar kafirci ga wanda aka tilasta, da wadda aka yi saɓani a kanta, ma'auninsa kuwa shi ne a duba ko hilar ta rushe manufar da aka shar'anta hukuncin dominta, ko kuwa ta tsare ta.

Saboda haka ba daidai ba ne a ce kowace dabara haramun ce. Annabi Ayyuba, amincin Allah ya tabbata a gare shi, ya yi rantsuwa zai yi wa matarsa duka ɗari, Ubangijinsa kuwa ya nuna masa mafita ta damin ciyawa, ya fita daga rantsuwarsa ba tare da ya cuci baiwar Allah da ta yi haƙuri da shi ba. Ma'aikacin Annabi a Haibara da ya musanya sa'i ɗaya na dabino mai kyau da sa'i biyu na maras kyau, an hana shi, aka koya masa ya sayar da nasa da kuɗi, sa'an nan ya sayi wanda yake so. Waɗannan mafita ce daga ƙunci zuwa halal. Kishiyarsu ita ce ƙissar mutanen Asabar da ta zo a Suratul A'arafi, mutanen wata alƙarya ta bakin teku da aka hana su kamun kifi ran Asabar, kifin kuma ya riƙa zuwa musu a ranar a fili. Masu tafsiri suka ce sai suka kafa taru da ramuka tun ran Jumma'a, suka kwashe ran Lahadi, suna cewa ai ba mu yi su ran Asabar ba. Maganar yaron nan ta ban fasa ƙofa ba ƴar'uwar wannan ce, ciki ɗaya.

To amma a nan ne nake rabuwa da wasu masu wa'azi, waɗanda da zarar sun ji kamannin nan sai su ɗauko azabar mutanen Asabar gaba ɗaya su kifa wa yaro ɗan shekara goma sha biyar. Wannan ƙiyasi ne da yake da bambanci a tsakiyarsa. Hanin Asabar daga Allah yake, ta harshen Annabinsu. Hanin wasa daga darakta yake, mutum mai kuskure da daidai, wanda zai iya soke dokarsa gobe in ya ga dama. Wanda ya ɗaukaka dokar makaranta zuwa matsayin wahayi bai girmama makaranta ba, addini ya rage wa daraja, kuma yaro mai hankali zai gane haka, ranar da ya gane kuwa zai yi watsi da wa'azin da dokar baki ɗaya. Haka nan shi kansa wasa ba a haɗu a kan haramcinsa ba. Gaskiya ne Ibn Abi Zaid ya tsananta a kan nardi da shaɗaranji a ƙarshen Risala, kuma duk wasan da kuɗi suka shiga cikinsa ta fuskar caca ba wanda yake shakkar haramcinsa. Amma kakanninmu sun yi dara a gindin bishiya, yara sun yi langa da dare, kuma a nan Tahoua aka fara gasar kokawa ta ƙasa a 1975, malamai na gari ba su ce an kafirta ba. Abin da aka ƙi shi ne lahawun da yake cinye lokacin wajibi.

In haka ne, ina laifin yake? Ni a wurina yana wuri biyu, kuma ba ɗayansu da yake cikin wasan kansa.

Na farko alkawari. Yaron da aka rubuta sunansa a makaranta, ya karɓi dokokinta, aka ba shi hanyar intanet bisa sharaɗin karatu, ya shiga cikin wani ƙulli ne ko da bai sa hannu a takarda ba, kuma ya tabbata a sunna cewa musulmi suna nan a kan sharuɗɗansu matuƙar sharaɗin bai halatta haram ko ya haramta halal na asali ba. Hanyar ba tasa ba ce, aro ce aka ba shi, mai aro kuwa ba shi da ikon ya yi amfani da abin aro a wajen abin da mai shi ya yi izini; wannan babi ne sananne a fiƙihu, ba ya bukatar sabon ijtihadi. Da yaron ya sayi megarsa da kuɗinsa wajen Airtel ko Moov ko Zamani, ya zauna a zauren gidansu bayan ya gama aikinsa ya yi wasa, da ba ruwan darakta da shi, sai dai ubansa. Abin da ya mayar da halal abin zargi shi ne ya ɗauki abin da aka ba shi domin wani abu ya juya shi zuwa wani, yana kuma ɓoyewa, ɓoyewar kuwa ita ce shaidar cewa zuciyarsa ta san abin da harshensa yake musu.

Na biyu haƙƙin jama'a, kuma shi ne wanda yaran ba su cika lura da shi ba, domin ba a ganinsa da ido. Hanyar intanet ta makaranta tana da iyakar abin da take ɗauka, tamkar rijiyar gari a watan bazara a tudun Adar, wadda in wani ya zo da jakai ya kwashe ruwan don ya yayyafa wa ƙofar gidansa, mata za su zauna bakinta har azahar suna jiran ta tara. Ba wanda zai ce ya saci ruwa, tun da rijiya ta kowa ce, amma ba wanda zai ce bai yi zalunci ba. Sa'ad da yara goma suke wasa mai cin mega da yawa, akwai ɗaliba a ɗakin kwamfuta tana jiran littafi guda ya sauka tun ɗazu, tana zaton hanyar ce ba ta da kyau, ba ta san wanda ya tare ta ba, shi ma bai san ta ba. Zaluncin da ba a san mai shi ba ya fi wuyar warwarewa, domin ba wanda za a je a nemi gafararsa.

A kan wannan sai a ƙara wani abu da ya keɓanci ƙasarmu. Adar ƙasar ƴan ci-rani ce. Da wuya ka sami gida a Tahoua da kewayenta wanda ba shi da ɗa ko uba a Abijan, ko Legas, ko Libiya, ko Aljeriya. Wayar da ke hannun yaron sau da yawa tsarabar uban ce, kuɗin makarantar kuma shi yake aikowa ta NITA ko Al Izza, daga abin da ya tara yana yawo da kaya a ka cikin rana. Uban ba ya nan balle ya duba. Ya damƙa amanar ga makaranta, makaranta ta kafa shinge a madadinsa. Saboda haka yaron da ya kewaye shingen idon mahaifinsa ya kewaye, ko da yana zaton na darakta ne.

Akwai kuma abin da yake ba ni dariya da tausayi tare, shi ne cewa yaron yana ganin ya yi wa makaranta wayo, alhali wasu can sun daɗe da gama nasu wayon a kansa. Wasan FarmVille, wanda aka fito da shi a Facebook a 2009 aka rufe shi a ƙarshen 2020, an gina shi ne bisa cewa in ka shuka ba ka dawo kan lokaci ka girbe ba, shukar ta bushe. Candy Crush kuma rai biyar yake ba ka, in sun ƙare sai ka jira rabin sa'a kafin guda ya dawo, ko ka roƙi abokanka, ko ka biya. Ba a yi haka bisa kuskure ba. An yi ne don zuciya ta rataya, mutum yana aji hankalinsa yana can yana ƙidayar mintoci. Jikan mutanen da suka jera duwatsu a kwarin Keita tun daga 1984 don su tare ruwa su maido da gona, yau shi ne yake tsoron kada gonar cikin waya ta bushe. Ƙasar Sin, inda ake ƙera da yawa daga cikin irin waɗannan wasanni, ita da kanta ta taƙaita wa yara wasan intanet zuwa sa'a uku a mako a 2021, Faransa kuma ta hana salula a makarantun firamare da na kolej tun 2018.

Sai dai ɗalibai manya suna da wata hujja da ta fi ta yaron nan ƙarfi, kuma ba a kore ta da tsawa. Sukan ce, sa'ad da gwamnatin Najeriya ta rufe Twitter daga watan Yuni na 2021 zuwa Janairun 2022, mutane masu mutunci da yawa sun bi ta VPN suna faɗin albarkacin bakinsu, ba a kira su maha'inta ba. Mu ma nan Nijar mun ga an yanke intanet na waya wajen kwana goma bayan zaɓen Fabrairun 2021, muka san ɗacin a toshe wa mutum hanya. To me ya sa dabara ɗaya ta zama jaruntaka a hannun babba, ta zama ha'inci a hannun yaro? Jawabin yana cikin ma'aunin Shaɗibi. Ɗan ƙasa da ya sayi hanya da kuɗinsa, aka toshe masa ita don kada ya yi magana, yana iya da'awar cewa haƙƙinsa yake ƙwatowa, ko da malamai za su yi saɓani a kan iyakar ɗa'a ga shugaba a irin wannan. Amma ɗalibin da aka ara wa hanya don karatu ba wani haƙƙi nasa da aka danne sa'ad da aka hana shi wasa a cikinta. Kayan aikin ɗaya ne, abin da aka nufa da shi ne ya bambanta, hukunci kuwa yana bin nufi.

Wannan hujja tasu tana da amfani ta wata fuska, domin tana tuna wa mai kafa shinge cewa shi ma akwai hisabi a kansa. Al-Ƙarafi, babban malamin Malikiyya na Masar, ya bayyana cewa kamar yadda ake toshe zari'a haka ake buɗe ta, kuma ba kowace kafa ake toshewa ba. Ya kawo misalin noman inabi, wanda ba wanda ya hana shi don tsoron a yi giya da shi. Daraktan da ya ji tsoron wasa har ya toshe duk wani wurin bidiyo, alhali a nan ne ɗalibin da ba shi da littafi yake ganin darasin lissafi da na kimiyya, ya wuce gona da iri, kuma shi da hannunsa ya koya wa yaran kirki hanyar kewaye. Ranar da suka koye ta don darasi, gobe za su bi ta don wasa. Haka wanda ya kafa doka bai taɓa tara ɗalibai ya gaya musu illarta ba, yana tsammanin biyayya irin ta jaki da akala. Imamu Gazali ya yi nasiha a cikin Ihya'u cewa a bar yaro ya yi wasa mai kyau bayan ya taso daga makaranta, domin hana shi wasa da matsa masa da karatu kullum yana kashe zuciyarsa, ya dushe basirarsa, har ya kai shi ga neman dabarar kuɓuta daga karatun ɗungum. Malamin da ya rasu a shekarar 505 bayan hijira ya riga ya faɗi inda hilar yara take tsirowa, kuma makarantar da ba ta da fili, ba ƙwallo, ba sa'ar hutu ta ƙwarai, tana da kaso a cikin abin da take kuka da shi.

Abin da ya rinjaya a wurina shi ne, yaron da ya kewaye shinge don wasa ya saɓa alkawari, ya kuma taɓa haƙƙin abokansa gwargwadon abin da ya cinye, wannan kuwa laifi ne na gaske ko da ƙarami ne, wanda ya balaga ya nemi gafara a kansa ya daina, wanda bai balaga ba a ladabtar da shi da abin da bai kai kora ba. Mas'alar da ta fi wuya ita ce ta ɗalibin da bai mallaki ko dala ashirin ta sayen mega ba, jarrabawar bak tana tafe, darasin da yake nema kuma yana bayan shingen da aka kafa bisa kuskure. Wannan ba na ce masa ya kewaye, ba na kuma ce masa ya haƙura. Ina ce masa ya tafi ofishin darakta da sunan darasin a rubuce, ya nemi a buɗe, ya tafi da abokansa biyu ko uku in yana jin nauyi. In an buɗe, ya amfani kansa da na bayansa. In kuwa an ƙi ba da wani dalili ba, sa'an nan ya bi ta bayan gida ya ɗauki darasinsa kaɗai ya fito, to ni dai ba ni da ƙarfin halin in kira shi maha'inci, kuma tambayar da za a yi ranar hisabi a kan wannan darasi, ina zaton daraktan za a fara yi wa ita.